Ƙoshiya da Fim ɗin Masaƙa

Tun tana budurwa a masaƙa aka laƙaba mata Ƙoshiya, saboda yadda take kai-komo tsakanin injuna ba hutawa, kamar ƙoshiyar da ke ratsa zare. Yanzu jiki ya yi nauyi, sai gwiwa ta yi ƙara kafin ta miƙe, amma sunan bai sake ta ba. Yaran layinsu ne dai suka ɗora masa Goggo a gaba don girmamawa.

Ita ce babba a gidansu. Da ta tasa, karatu bai yi nisa ba, sai aka ji masaƙa na ɗaukar mata. Ta bi wata maƙwabciyarsu suka je, aka duba yatsunta, aka miƙo mata tsinkakken zare aka ce ta ƙulla. Ta ƙulla, aka ce ta dawo washegari. Ɗakin saƙar dogon zaure ne mai rufin kwano, tagoginsa can sama, injuna jere sahu-sahu, burbushin auduga na yawo a iska yana sauka a gira da gashin ido. Ƙarar da ke ciki kuwa, ko ihu ka yi a kunnen mutum ba zai ji ka ba. Ranar farko ta koma gida kanta na juyawa, ta rantse ba za ta sake taka wurin ba. Gari na wayewa ta riga maƙwabciyar shiryawa.

Tunda murya ba ta da amfani a ɗakin, ma'aikata da leɓe suke magana. A buɗe baki sosai ba tare da sauti ba, a taimaka da gira da yatsa. Da haka ake gaisawa, a yi gulma, a yi faɗa a shirya, a sanar da juna cewa helma, mai sa ido a kan ma'aikata, na tafe. Kafin shekara ta zagayo Ƙoshiya ta ƙware, har takan ba ƙawarta Doguwa labari daga wannan sahu zuwa wancan, hannunta bai daina aiki ba.

Da leɓen kuma Sufana ya nemi aurenta. Makanikin injuna ne, kullum da sufana a aljihun baya. Sai aka lura injinta ya fi na kowa ganin makaniki. Da ta tambaye shi dalili, ya ce wata ƙara yake ji a cikinsa da ba ta kwanta masa ba. Ta ce a wannan ɗakin da ko tsawa ba a ji? Ya sosa ƙeya. Suka yi aure, suka haifi uku. A gida ma ba su bar al'adar ba: tana bakin murhu, yana ƙofar ɗaki, su gama shawararsu tsaf yara ba su ji komai ba. Sai da babbar 'yarsu ta fashe da dariya wata rana a kan maganar da ba a furta ba, suka gane yaran sun daɗe da koyon karatun.

Masaƙar ba faɗuwa ta yi lokaci guda ba, jinya ta yi. Aka rage kwanakin aiki, aka rage mutane, injin da ya tsaya sai a cire kayansa a gyara wani, har ranar da aka sa kwaɗo a ƙofa. Ƙoshiya ta yi kukanta ta gama, sannan ta jawo keken ɗinkin da take yi wa yaranta kaya da shi ta kai ɗakin da ke fuskantar titi, ta buɗe shago. Sufana ya kafa rumfa a gefe yana gyaran kekunan ɗinki da janareta. Kunnenta na hagu ya tafi tare da masaƙa, nasa kuma duka biyun sun yi nauyi, amma ba su taɓa ɗaukar abin a matsayin asara ba. Takan ce rabin abin da ake faɗa a duniya ma bai cancanci a ji ba, to ita an rage mata aiki. Haka suka yi ta zama, yara suka girma suka kama gabansu, shago na ci, ba yabo ba fallasa.

Akwai 'yar ƙaninta da ake kira Auta, wadda rabin ƙuruciyarta a ƙarƙashin teburin yankan Goggo ta yi shi, tana tsince ƙyallaye. Ta yi karatun harkar fim, ta samu aiki a wani gidan talabijin tana tace tallace-tallace, amma hankalinta yana kan wani irin fim nata na daban. Ta taɓa kawo wa Goggo ɗaya ta gani. Famfo ne yake ɗiga, sai wata tsohuwa tana kallon taga, sai famfon kuma. Goggo ta gyara zama, ta yi haƙuri iya haƙuri, sannan ta tambaya yaushe za a fara. Auta ta ce ai an gama. Daga ranar, in an tambayi Goggo sana'ar yarinyar, sai ta ce tana yin fim ɗin da ba shi da jarumi, ba waƙa, ba mugu, amma dai yarinyar kirki ce.

Wata Asabar da hantsi Auta ta shigo shagon da kwamfutarta a jaka, ko gaisuwa ba ta ƙarasa ba ta fara bayani. Waɗanda suka sayi ginin masaƙa suna share ofisoshin sama, suka tarar da wasu gwangwanaye masu faɗi cike da tsofaffin faya-fayan majigi. Har an kai su bola, wani abokin aikinta ya gani ya kira ta. Wasu sun manne suna warin tsami, ba su da sauran amfani, amma an ceto wasu, an wanke, an juye a kwamfuta. Fim ne da kamfanin ya sa aka ɗauka don talla, zamanin da Goggo ke aiki a can.

Goggo ta ture atamfar da take yanka, aka ɗora kwamfutar a teburin. Ga ƙofar masaƙa, ga mutane na tururuwa ciki, ga dogon zauren nan. Wani mutum mai murya kamar ta rediyo yana ta zuba, yana cewa ga ma'aikata cikin farin ciki suna gina gobe. Auta ta ce ita muryar nan za ta cire, sannan ta rage gudun hoton. Ta danna wani abu, ɗakin ya yi tsit, mutanen ciki suka koma motsi a hankali kamar masu tafiya cikin ruwa. Kyamara ta tsaya a kan wata mata mai sabuwar rigar aiki, tana murmushi, bakinta na motsi. Sai Goggo ta kwashe da dariya har tana dafe ciki.

Auta ta tambayi abin dariya.

"Ba ki ga abin da ta ce ba? Cewa ta yi, takalmin nan ya matse ni, su yi su gama."

Auta ta dubi goggonta, ta dubi hoton. Ta san da maganar leɓe tun tana ƙarama, amma bai taɓa zo mata cewa mutanen cikin faifan suna magana ba, kuma akwai mai iya jinsu zaune a gabanta. Ta mayar da hoton baya. Goggo ta ci gaba da karantowa: wannan tana tambayar ko za a bar musu rigunan ko za a karɓe bayan an gama ɗauka, wancan yana cewa a dubi tumbin manaja yadda ya shanye shi saboda kyamara. Ta tuna ranar ma. An share ɗakin tun asuba, an raba riguna da takalma, aka ce kowa ya yi fara'a. Ta yafito Sufana da hannu ta taga, ya shigo yana goge baƙin mai, ya tsaya bayanta yana nuna injuna da yatsa ɗaya bayan ɗaya kamar mai gaida tsofaffin abokai.

Asabar ta gaba Goggo ta aika aka kira Doguwa, wadda yanzu take sayar da yadi a kasuwa. Doguwa ta sa tabarau ta kalli matar nan mai murmushi, ta girgiza kai. Ta ce ba takalmi ta ce ba, talauci ta ce: talaucin nan ya matse ni. Goggo ta ce ina, leɓenta ya haɗu, talauci kuwa ba ya haɗa leɓe. Aka mayar baya, aka tsayar, aka faɗaɗa. Daidai wurin da za a raba gardama, faifan ya yi wani farin tabo da ya rufe bakin. Doguwa ta ce ita ta san halin da ake ciki a shekarar, wa ke ta takalmi. Goggo ta ce ita ma ta sa takalmin, kuma har yau ɗan yatsanta bai yafe ba. Suka juya wajen Auta ta yanke hukunci. Auta, wadda tun ɗazu na'urar ɗaukar murya ke kunne a gabanta da izininsu, ta ce duka biyun za ta sa. Goggo ta ce wannan ai ba hukunci ba ne, tsoro ne.

Labari ya bazu. Kowace Asabar shagon sai ya cika da tsofaffin ma'aikata, wasu da sanda, wasu jikoki sun riƙo su. Sufana ya haɗa benci biyu, Goggo ta dafa shayi a babbar buta, ɗinki kuwa sai ranar Litinin. Ba su cika yarda da juna a kan komai ba. Wani ya ce bangon kore ne, wata ta ce ruwan toka, hoton kuma baƙi da fari ne ba zai raba su ba. Mutum uku suka yi iƙirarin su ne saurayin da ke tura amalanken zare. Auta ba ta gyara wa kowa. Nata dai ta tsayar da hoto, ta faɗaɗa wani lungu da ba wanda ya kula da shi, ta tambaya wane ne wannan. Da haka ta fito da masu shara da ke tsugune ƙarƙashin injuna, da wani dattijo da helma ke turawa gefe don kada ya shiga hoto. Akwai kuma wani yanki da aka ɗauka daga sama, daga barandar ofis inda ma'aikata ba sa hawa. Goggo ta daɗe tana kallonsa. Shekarunta masu yawa a ɗakin nan, amma injinta da na gefe kawai ta sani. Ba ta taɓa ganin dubban zaruruwa sun miƙe gaba ɗaya haske na sauka a kansu ba. Ta ce ashe wurin yana da kyau, ba wanda ya gaya musu.

Abu ɗaya ya ɗan sosa mata rai, ko da yake ba ta faɗa ba. An bi faya-fayan kaf, fuskarta ba ta fito ba. Doguwa ta fito har sau biyu, kuma ba ta bar kowa ya manta ba. Sai wata rana Sufana ya ce a tsaya. Can gefen hoto akwai bayan wata mata da ta sunkuya tana ƙulla zare, ɗankwalinta ya zame. Ya ce wannan ita ce. Doguwa ta ce da me ya gane, baya ai baya ne.

"Ni da na yi shekaru ina gyaran injin da lafiyarsa ƙalau don in ga bayan nan," in ji Sufana, "ke za ki koya min?"

Shagon ya kaure da dariya. Goggo ta ja mayafi ta rufe baki, ta ce tsufa dai bai koya wa wasu kunya ba. Da yamma bayan an watse, ta sa Auta ta sake nuna mata wurin ita kaɗai.

Sau ɗaya suka saɓa da Auta da gaske. A cikin faifan akwai wata da suke kira 'Yar Fara, wadda ta rasu wajen haihuwa ba da daɗewa da ɗaukar hoton ba. Ta bayyana na ɗan lokaci kaɗan: ta ɗago kai, ta kore auduga daga goshinta, ta yi dariya, shi ke nan. Auta ta ɗauki wannan ɗan guntun ta riƙa maimaita shi, ta ɗago, ta kore, ta yi dariya, ta sake ɗagowa. Goggo ta kalla sau uku ta rufe kwamfutar da kanta. Ta ce wanda ya riga mu gidan gaskiya ba abin wasa ba ne da za a riƙa juya shi kamar waina a tanda, a bar baiwar Allah ta huta. Auta ta yi bayani cewa ba wasa take yi ba, so take mai kallo ya daɗe da ita, tunda kamfanin bai ba ta ko ƙiftawar ido biyu ba. Goggo ta ce ta ji, amma ba Auta ke da 'Yar Fara ba, ba kuma ita Goggo ba. Jaririyar da ta bari tana nan da ranta, ma'aikaciyar jinya ce a wani asibiti a bayan gari. A je a tambaye ta.

Suka shiga mota suka je, suka same ta ta sauka daga aiki, ko farar rigar ba ta cire ba. Mace ce da ta haura arba'in, ta girmi shekarun da uwarta ta yi a duniya nesa ba kusa ba. Hoto ɗaya tal take da shi na uwar, shi ma ya dushe. Auta ta buɗe kwamfutar a kan teburin falo. Matar ta kalla ba ta motsa ba, hawaye na bin kumatunta, sai can ta kai hannu goshinta ta yi irin korewar nan, ta ce ita ma haka take yi in ta yi gumi, ba ta san gado ba ne. Ta tambayi Goggo ko uwarta ta ce wani abu. Goggo ta duba da kyau, ta ce a'a, dariya ce kawai, amma ta san wa take yi wa: Doguwa ce a ɗaya sahun take kwaikwayon tafiyar helma. Matar ta yi dariya cikin kuka, ta ce a bar shi yadda Auta ta yi, a ƙara ma in da hali. A hanyar dawowa Goggo ta ce wa Auta to, mai abu ta yi magana, ita ta janye tata. Amma da ba a tambaya ba, da har yau ba ta yarda ba.

Ranar da aka rufe masaƙa ba wanda ya ɗauki hoto, kuma a nan ne labaran tsofaffin suka fi rabuwa. Wasu suka ce ruwa ake yi, wasu suka ce rana ce ƙwal. Wasu sun tuna an yi jifa, wasu sun ce shiru aka watse. Auta ta rasa abin da za ta nuna a wurin. Sai ta lura cewa duk sanda Goggo ke ba da labarin aiki, hannayenta na yin aikin a iska: ta cafko zaren da babu shi, ta ƙulla, ta ja, ta saki. Ta roƙi tsofaffin su jeru a tsakar gida kowa ya yi nasa aikin ba inji. Da fari suka ce yarinyar nan so take ta mayar da su mahaukata. Da aka fara kuwa, ba wanda hannunsa ya manta, har Doguwa ta tsawata wa wani da cewa ya tsaya a inda injinta yake. Hannayen kawai Auta ta ɗauka, ta ɗora muryoyinsu a kai, mai ruwa da mai rana duka.

Da fim ya haɗu, Auta ta nemi izinin masu ginin a nuna shi a tsohon ɗakin saƙa, suka yarda. Ta ce ba ta son farin allo, a kan yadin masaƙar take so a haska. Goggo ta ce wannan kuma aikinta ne. Ta bi gidajen tsofaffin ma'aikata, kowa ya buɗe akwati. Wannan zanin gado, wancan ragowar yadin da aka ba shi wata shekara, wata labulen ɗakin aurenta. Ta zaɓi masu haske, ta haɗa su a keke, ta yi wa bakin kalmasa mai ƙarfi, Sufana ya huda ya sa ƙawanya. Ya fito faffaɗa, farinsa ba iri ɗaya ba, ɗinki na ratsa shi ko'ina. Ta so ta ɓoye ɗinkin, Auta ta ce a bar shi ya fito.

Da rana aka nuna, an toshe tagogin sama da kwalaye. Zauren ba inji ko ɗaya, sai ramukan ƙusoshi a siminti, amma kowane tsoho ya ja kujerarsa zuwa inda yake tsayawa a da. Fim na farawa aka fara surutu. Ana kiran sunaye, ana nuna wa jikoki, ana musu da muryoyin da ke cikin fim ɗin, waɗanda su ma musun suke yi. Da aka zo kan takalmi da talauci zauren ya rabu biyu. Da 'Yar Fara ta ɗago kai aka yi tsit, aka yi mata addu'a, 'yarta na zaune kusa da Goggo riƙe da hannunta. Goggo ta ɗan ji kunyar hayaniyar, ta raɗa wa Auta cewa mutanen nan sun ɓata mata fim. Auta ta ce ai yau ne ya cika.

Daga baya an gayyaci Auta ta nuna shi a wasu garuruwa, har da inda sai an rubuta fassara a ƙasa. Da ta dawo ta ba Goggo labarin cewa a can shiru ake yi daga farko har ƙarshe, sannan a tafa. Goggo ta tausaya musu, ta ce bayin Allah ba su san kowa a ciki ba, me za su ce. Yanzu in an tambaye ta sana'ar Auta takan ce fim take yi, kuma ita ma ta sa hannu a ɗaya, duk da har yau tana ganin da an saka waƙa ko guda ce da ba ta ɓata komai ba.

Taron Asabar bai mutu ba, sai dai ya ragu zuwa mutum biyar ko shida da butar shayi. Auta ta kama wani sabon aiki a kan tsohuwar tashar jirgin ƙasa, tana yawo gida-gida neman hotuna, takan biyo ta huta a shagon ta ci abin da ta samu. Yadin nan kuwa yana ninke a saman kabad. Matasan layi kan zo aronsa in za su haska wasan ƙwallo a bango, Goggo ta ba su da sharaɗin a dawo da shi a wanke, kuma kada a shanya shi a kan waya mai tsatsa. Ranar da suka dawo da shi da yagewa a gefe ɗaya, ta yi musu faɗa har bakin titi, sannan ta koma ciki ta nemo ƙyalle mai kama da shi, ta zura zare a allura.